Zauren Tambaya: Sana'ar Koyar Da Kwanan Daji

Jama'a, assalamu alaikum. Wasiƙun wannan wata sun taru a kan abu ɗaya kamar an haɗa baki. Tun da bidiyon Turawa masu kwana a daji ya cika wayoyin yaranmu, da wuya mako ya wuce ban sami mai tambaya a kai ba, wataƙila don wasunku sun san na yi shekaru ina fita da 'yan sikawut lokacin da nake koyarwa. Na zaɓo huɗu. Kamar kullum, na taƙaita su, na kuma sakaya sunaye.

Baba, barka da aiki. Ni ɗalibi ne a Funtuwa, shekaruna 22. Ina yawan kallon wasu Turawa a YouTube, a jefa mutum cikin ƙungurmin daji da wuƙa kaɗai, ya ci tsutsa, ya sha ruwan kududdufi, ya fito bayan mako guda. Ana ce musu malaman koyar da tsira a daji. Abokaina sun ce duk shiri ne. Don Allah, wannan sana'a ce ta gaske? In ta gaske ce, wane ne gwani a cikinta?

Ɗana, barka kadai, Allah ya ba da sa'ar karatu. Kai da abokanka kowa ya riƙe wani ɓangare na gaskiya. Abin da ake shirya wa talabijin, galibi mai ɗaukar hoto yana biye da mutumin, masu agaji suna nan kusa, kuma da gangan ake zaɓo abin da zai tayar wa mai kallo da tsikar jiki. Shi ya sa tsutsa da kunama suka yi yawa a ciki. Amma sana'ar kanta tana nan daram. Sojojin ƙasashe da yawa suna da makarantun da ake koya wa matuƙa jirgi yadda za su rayu in jirgi ya faɗi da su a inda babu kowa. Akwai kuma fararen hula da suka ƙare rayuwarsu suna koyar da wannan ilimi ga ɗalibai da ma'aikatan gandun daji da duk mai sha'awa.

A cikinsu, wanda na ɗauka madugu uban tafiya shi ne wani mutumin Kanada, Mors Kochanski. Ban taɓa haɗuwa da shi ba, amma littafinsa ya daɗe a jakata har bangonsa ya saɓule, kuma na kalli darussansa na bidiyo ba adadi. Ba ya tsalle, ba ya ihu. Dattijo ne da wuƙa rataye a wuya, zaune a kan gungume, yana feƙe sanda yana bayani a natse kamar malamin zaure.

An haife shi ranar 10 ga Nuwamba, 1940, a lardin Saskatchewan. Iyayensa manoma ne da suka yi ƙaura daga ƙasar Poland, suka zauna a wata gona mai nisa da gari. Duk wanda ya tashi a ƙauye ya san irin wannan tashi. Gatari da zarto da tarko kayan aikin yau da gobe ne, kuma in abu ya lalace, kai ne za ka gyara da abin da ke kusa da kai. Ya yi karatu a Jami'ar Saskatchewan, amma makarantar da ta gina shi ita ce wadda ya shiga a ƙarshen shekarun 1960, lokacin da ya fara koyarwa a wata cibiyar horar da zaman daji ta Blue Lake, kusa da garin Hinton a lardin Alberta. A nan ya haɗu da Tom Roycraft, farar hula mai koyarwa a makarantar tsira ta sojojin Kanada. Roycraft ya zama malaminsa, kuma har Kochanski ya tsufa bai daina faɗin haka ba. Akwai wata dabara ta ɗaure sanduna uku a yi abin goya kaya a baya, akwai wasu takalman itace na tafiya a kan dusar ƙanƙara, dukansu da sunan Roycraft yake kiransu a gaban ɗalibai. Wannan hali ya shiga raina ƙwarai, domin na ga mutane da yawa da suka kwashi ilimi a wurin dattijo da safe, kafin la'asar sun manta sunansa.

Daga nan ya yi fiye da shekara 40 yana koyarwa. Ya koyar a Jami'ar Alberta, ya koyar da 'yan makaranta, ya koyar da sojoji, an gayyace shi Amurka da Ingila da Suwidin. Gidansa na karkara ne, kusa da wani ƙauye da ake kira Peers, cike da dubban littattafai, domin mutum ne mai ƙishirwar karatu kamar yadda yake da ƙishirwar daji. A 1987 ya fitar da littafinsa Northern Bushcraft, wanda har yau shi ne fatihar masu wannan fanni. Ka dubi yadda ya jera babobinsa: wuta, gatari, wuƙa, zarto, igiya da ɗauri, mafaka. Sai bishiyoyin dajinsu da amfanin kowacce. Sai dabbobi biyu kacal, wata ƙatuwa mai kama da gwanki da ta kai doki girma, da wani zomo da gashinsa ke komawa fari fat in sanyi ya shigo. Ya rasu ranar 5 ga Disamba, 2019, yana da shekara 79.

Sai ka san dajin kafin ka gane mutumin. Arewacin Kanada daji ne na dogayen bishiyoyi masu ganye kamar allura, da fadamu da tafkuna, kuma sanyi yakan kai digiri 40 ƙasa da sifiri. Mu nan in ya sauka ƙasa da 10 a Jos, kowa yana neman garwashi. A can, hannunka in ya sandare ba za ka iya ƙyasta ashana ba, kuma wanda bai iya ƙyasta ashana ba a irin wannan dare ya gama yawo. Saboda haka Kochanski yakan sa ɗalibi ya yi ta hura wuta, yau da gobe da jibi, a cikin iska da dusar ƙanƙara, da ƙananan busassun rassa da ake karyowa a gindin bishiya a haɗa dami, ko da itacen da aka feƙe siriri-siriri har ya nannaɗe kamar gashin kaza. Maimaici ne zalla, irin na mai tilawa.

Abin da na fi aro daga wurinsa shi ne sandar gwaji. Za ka saro ɗanyen reshe miƙaƙƙe, tsawon hannunka, kaurin babban yatsa ko ya ɗan fi. A jikin wannan sanda guda za ka sassaƙa kowane irin yanka da ake buƙata a daji: ƙugiyar rataye tukunya, gurbi mai kusurwa huɗu, gurbi mai zagaye da wata sanda za ta kwanta a ciki, rami da ya huda sandar daga wannan gefe zuwa wancan, tsini a ƙarshe ɗaya, ɗaya ƙarshen kuma a gyara shi sumul. Malami ba sai ya yi wa ɗalibi tambaya ba, sandar za ta faɗa masa komai. Na yi wannan da yarana da reshen darbejiya. Yaro zai zo yana cika baki cewa ya iya wuƙa tun yana goye. Ka ba shi reshe. Bayan rabin sa'a ya dawo da sanda duk tsage-tsage, ramin ya fashe, ƙugiyar ta karye, kansa a sunkuye. Ta biyar ko ta shida sai ka ga yankan ya fara fitowa da santsi, ya kuma daina kawo kaifin wuƙa wajen cinyarsa. Ranar da yaro ya miƙo mini sanda mai tsabta, ban san wanda ya fi wani farin ciki ba tsakanina da shi.

Ya kuma ƙirƙiro wata bukka da ta yi suna. Ya lura da yadda ɗakin ƙanƙara na mutanen Inuwit, mazauna can ƙuryar arewacin Kanada, ke riƙe ɗumi, da yadda ɗakin gilashi na renon shuka ke kama zafin rana, sai ya haɗa su. A ɗaga gado daga ƙasa da gungumomi, a shimfiɗa wata takarda mai ƙyalli kamar madubi a sama da bayan gadon, a rufe gaba da farar leda mai nuna ciki, a bar yadi mara kauri don iska ta riƙa shiga. Sai a hura doguwar wuta, tsawon mutum, taku ɗaya daga bakin bukkar. Zafin wutar yana ratsa ledar, takardar mai ƙyalli ta mayar da shi kan mai barci, leda ta hana shi fita. A waje ruwa yana daskarewa, a ciki mutum yana barci ya saki jiki. Kayan duka ba su cika aljihun jaka ba. Wannan ne ma'anar maganarsa da ɗalibansa ke yawan maimaitawa, cewa gwargwadon saninka, gwargwadon sauƙin kayan da za ka ɗauka.

To, ɗana, ga gwanin da ka tambaya. Ka nemi darussansa, suna nan a intanet. Kada ka yi mamaki in ka tarar da shi ya ɗauki lokaci mai tsawo yana bayanin yadda ake wasa wuƙa.

Baba Malam, ina gaisuwa. Ni matar aure ce a Damagaram. Maigidana direban babbar mota ne, yana bin hanyar Agadas zuwa Arlit, wani lokaci har gaba. Duk tafiya ina cika masa buhu da kilishi da dabino da garin ƙuli don kada mota ta lalace yunwa ta kama shi. Ƙanena ya ce masu koyar da tsira suna cewa abinci ba shi ne kan gaba ba. Haka ne? Kuma ilimin mutanen ƙasar sanyi zai amfani mai bin hamada?

'Yata, ina amsawa, Allah ya tsare mana maigidan ya dawo da shi lafiya a kowace tafiya. Ƙanenki ya faɗi daidai. Masu wannan fanni suna da wani ƙiyasi da suke fara koya wa ɗalibi: minti 3 ba iska, sa'a 3 ba mafaka a cikin matsanancin sanyi ko zafi, kwana 3 ba ruwa, mako 3 ba abinci. Ƙiyasi ne, yakan ƙaru ya ragu, amma jerin shi ne darasin. Abinci ne na ƙarshe. Kochanski, wanda na ba da labarinsa a sama, yakan nanata wa ɗalibansa abu biyu: ka sami barci isasshe, ka sha ruwa isasshe. Mai lafiya zai jure yunwa kwanaki masu yawa, mu masu azumi mun san ɗanɗanon haka. Amma wanda ya kwana biyu bai runtsa ba, ko ƙishirwa ta fara taɓa shi, hankalinsa ne ke fara gushewa, kuma mafi yawan waɗanda daji ya ci, shawarar da suka yanke cikin ruɗewa ce ta kai su.

Ni ban koyi wannan a littafi ba da farko. Ina sabon malami na fita da yara goma sha biyu kan tsaunukan Filato cikin hunturu. Na cika buhu da gari da gyaɗa da sukari, ina ganin na gama shiri. Da yamma muka ƙetare wani rafi, yaro ɗaya ya zame ya jiƙe har ƙirji. Ban sa shi ya canja kaya ba, na ce rana za ta busar. Rana kuwa ta faɗi. Wajen tsakar dare na ji haƙoransa suna kaɗawa, na kira sunansa, amsarsa a sarƙe kamar mai magagi. Muna kwance a kan dutse tsirara, wutarmu 'yar ƙarama a can gefe, buhun abinci yana nan ba abin da ya tsinana mana. Wani dattijon Bafulatani da rugarsu ke kusa ya hango wutar ya zo. Bai yi mini faɗa ba. Ya tuɓe wa yaron jiƙaƙƙun kayan, ya lulluɓe shi da nasa bargon, ya sa manyan yara suka kwaso kara da busasshiyar ciyawa aka yi shimfiɗa mai kauri, ya jawo itace dogaye biyu ya jera su aka hura wuta a tsawonsu, ya sa yara biyu suka kwanta suka sa shi a tsakiya. Ya ɗumama madara ya ba shi kaɗan-kaɗan. Da asuba yaron ya tashi yana neman koko. Shekaru bayan haka na buɗe littafin Bature na Kanada na tarar da gado a ɗage daga ƙasa da doguwar wuta a gefe, sai da na ajiye littafin na yi shiru. Laifin daren nan nawa ne, kuma tun daga ranar ban sake fita da yaro ba sai na duba tufafinsa kafin na duba guzurinsa.

A hamada kuwa, darasin ɗaya ne, an dai juya shi. Can ana tattalin ɗumin jiki, nan ana tattalin gumi. Mai aiki cikin zafin rana yakan zubar da fiye da lita guda ta gumi a sa'a ɗaya. Ku mutanen Damagaram ba sai an tuna muku da watan Oktoba na 2013 ba, lokacin da motoci biyu suka lalace a arewacin Arlit, kusa da iyakar Aljeriya, aka tsinci gawarwaki 92, yara 52, mata 33, maza 7, yawancinsu daga yankin Kance. Ƙishirwa ce ta kashe su. Allah ya jiƙansu da rahama.

Saboda haka ki rage kilishi, domin nama da gishiri da yaji suna ƙara wa jiki buƙatar ruwa. Dabino ki bar shi. Wurin da kilishin ya bari, a sa jarka. Ruwa ya zama a jarkoki da yawa, kada a zuba shi a mazubi ɗaya da zai huje a rasa duka, kuma a ware na mutane daban da na lagireto. Ruwan lagireto kansa ba a shan sa, sau da yawa akwai sinadari mai guba a ciki. Ki haɗa masa tamfol da igiya don yin inuwa, da bargo, domin daren hamada a hunturu yana da sanyi mai ratsa ƙashi, da ɗan madubi na haska wa masu wucewa daga nesa. Ki ƙulla masa gishiri da sukari: lita ɗaya ta ruwa, ƙaramin cokali 6 na sukari, rabin ƙaramin cokali na gishiri, ga wanda ya galabaita ko gudawa ta kama shi. In mota ta tsaya, da rana a kwanta a inuwa, jiki a rufe da tufafi masu yalwa kamar yadda Buzaye ke yi, a bar gyara sai sanyin safiya ko bayan faɗuwar rana. A sha ruwa yadda jiki ke buƙata, kada a yi ta ɓoyonsa a jarka har hankali ya gushe, sai da ruwan ciki ake jan na rijiya. Kuma a zauna kusa da mota, domin mai nema ya fi saurin hango mota a kan mutum ɗaya a cikin rairayi.

Abu mafi girma yana hannunki ke. Kafin ya tashi, ki san hanyar da zai bi da ranar da ya kamata ya isa, ki riƙe lambar wanda za ki kira a tasha in ranar ta wuce shiru. Zaman jira kusa da mota yana da amfani ne in akwai wanda ya san ya kamata a fita nema.

Malam, Allah ya ƙara basira. Na gama bautar ƙasa, ina zaune a Bauchi ba aiki. Ina son daji tun ina yaro. Zan iya mayar da wannan koyarwa sana'a a nan ƙasar? A ina zan koya, kuma ana samun abin sawa a baka?

Ƙanena, amin, tare da kai. Zan faɗa maka yadda abin yake ba tare da zuga ba. Ko a ƙasashen Turawa, kaɗan ne suka yi dukiya da wannan aiki. Ray Mears na Ingila yana cikin kaɗan ɗin. An haife shi a 1964, ya so shiga sojan ruwa amma raunin gani ya hana, sai ya buɗe makarantarsa mai suna Woodlore a 1983 yana ɗan shekara 19. Ya yi shekara goma yana koyarwa kafin talabijin ta san da shi, kuma ƙwarewarsa a bin sawu ta kai har 'yan sandan Ingila suka nemi taimakonsa a 2010 wajen farautar wani ɗan bindiga da ya ɓuya a daji. Sauran kuwa, abincinsu yana fitowa ne daga kuɗin ɗalibai na kwas ɗin mako guda, da kwangilar makarantu da sojoji, da ɗan rubutu, kuma aikin na lokaci-lokaci ne kamar noma. Da yawa suna haɗawa da wata sana'ar.

A nan gida akwai ƙofofi. Tunda ka yi bautar ƙasa, ka san 'yan Man O' War da suka sa ku hawan igiya a sansani. Asalinsu wata cibiya ce da aka kafa a 1951 a gaɓar teku kusa da Victoria, wato Limbe ta yanzu a Kamaru, daga baya ta dawo Nijeriya, kuma makarantarta ta tsauni tana Shere Hills a Jos, ba nisa da kai. Akwai Kwalejin Tarayya ta Kula da Namun Daji a New Bussa, jihar Neja. Akwai aikin gadin daji da ja-gorar baƙi a wurare irin su Yankari da ke jiharku, da Gashaka Gumti a Taraba da Adamawa. Ka kuma nemi horon agajin gaggawa a wurin Red Cross, domin duk wanda zai fita da 'ya'yan mutane amana ya ɗauka.

Amma ka ji ni da kyau a nan. Abin da ya sa Kochanski ya zama Kochanski shi ne ya zauna a daji ɗaya shekara da shekaru, ya san kowace bishiya da sunanta da amfaninta, ya kuma durƙusa a gaban malami. In ka haddace littafinsa kaf, ka tsaya a dajin Bauchi, ba za ka ga bishiya ɗaya daga cikin waɗanda ya ambata ba. Hanyar koyonsa za ka ɗauka, ilimin kuma ka neme shi a inda yake. Yana wurin maharba da makiyaya da masu ɗiban zuma da tsofaffin mata masu tsintar ganye. Su ne suka san inda za a tona a busasshen rafi ruwa ya tsatso, da yadda ake murza igiya da ɓawon kuka ko na kalgo, da lokacin kanya da ɗinya da aduwa da magarya, da cewa ruwan tumfafiya da na tinya ba sa shiri da ido. Ina da kawu maharbi, Allah ya jiƙansa, yana da 'yar jakar fata da ba ta kai tafin hannu ba, a ciki akwai ƙyastu da dutsen ƙanƙara da audugar rimi da aka babbake. Zai ɗora audugar a kan ƙanƙarar ya danne da babban yatsa, ƙyas, ƙyas, a bugu na uku sai ka ga wani ɗan jan ido ya buɗe a jikin audugar. Ya tura ta cikin busasshiyar ciyawa ya hura a hankali, hayaƙi ya yi kauri, wuta ta tashi. A ƙauyenmu yanzu ba na jin akwai mutum biyar da za su iya. Ka je ka same su tun suna raye, da goronka da littafin rubutu, ka yi musu ladabi, kuma in ka fara koyarwa ka riƙa ambaton sunansu.

Dole kuma ka san maciji fiye da yadda malamin Kanada ya sani. Kububuwa tana kashe manoma da makiyaya da yawa a yankinku, shi ya sa asibitin masu saran maciji na Kaltungo a jihar Gombe ba ya rabo da jama'a. Ka koya wa ɗalibanka kada a tsaga wurin, kada a tsotsa, kada a ɗaure tamau. A cire zobe da agogo, a hana gaɓar motsi, a ɗauki mutum a kai shi asibitin da ke da allurar kashe dafi ba tare da ɓata lokaci ba.

Sai maganar da ke ci mini rai. Dazuzzukan da muka yi yawo a ciki muna samari, Kamuku da Rugu da makamantansu, yau ba wurin kai ɗalibi ba ne, kowa ya san dalili. Babu dabarar wuƙa ko ta wuta da ke maganin mai bindiga. Kada sha'awa ta kai ka inda hukuma da mutanen gari suka ce kada a shiga. Ka fara a filin makaranta da bayan gari, da 'yan sikawut da 'yan agaji da direbobin doguwar hanya. Hura wuta da tsabtace ruwa da kafa inuwa da ɗaukar majinyaci, duk ana koyonsu a gindin bishiya ɗaya.

Baba, wace irin wuƙa zan saya? Na ga wata a intanet mai haƙora a baya, da kamfas mai nuna gabas da yamma a ƙota, tsawonta ya kusa kamu biyu. Ɗanka daga Kumasi.

Ɗana, ka bar kuɗinka a aljihu. Wuƙar da Kochanski ya fi amfani da ita 'yar ƙarama ce mai araha, ƙirar garin Mora a Suwidin, irin wadda masassaƙa da masuntan can ke ratayawa. Ma'auninsa shi ne tsawon ruwan wuƙa ya yi daidai da faɗin tafin hannunka, ƙotar ta cika hannu ba ta zamewa, ƙarfen kuma mai karɓar wasawa. Doguwar wuƙa ba ta sassaƙa, ba ta kuma kai adda sara ba. Ƙota mai rami da aka cusa wa kamfas, a mahaɗarta take karyewa.

Ka je wurin maƙeri a unguwarku, ka nuna masa faɗin tafinka, ka ce ya ƙera maka da ƙarfe mai kyau, ƙarfen ya ratsa ƙotar har ƙarshe. Dukawa su ɗinka maka kube mai riƙo. Ka sami dutsen wasawa mai laushi, ka riƙa gogawa har ta yanka takarda a tsaye ba ta yage ba. In za ka yi yanka, ka zauna, gwiwar hannu a kan gwiwar ƙafa, kaifi yana tafiya waje, ba kowa a kusa da kai. Kada ka yi yawo da ita a cikin gari, a jaka take zama sai an isa wurin aiki.

Daga nan ka saro reshe ka yi sandar gwajin da na kwatanta wa ɗan'uwanka na Funtuwa. Ta farko ka ajiye ta, kada ka jefar. In ka kai ta goma, ka jera su biyun a kan tabarma ka ɗauki hoto ka aiko mini, ina so in ga ramin da ƙugiyar.